Tsugune Ba Ta Ƙare Ba: Jinyar Da Ake Bari Bayan Annoba Ta Lafa

Hantsi ya dubi ludayi a wani ƙauye da ke gefen dam ɗin Watari, mata sun cika tsakar gida an zo barka. Yaron gidan, ɗan shekara tara ko goma, ya dawo daga asibiti a Birni bayan ya sha kwanciya da ciwon mashaƙo. Kumburin wuya ya sace, zazzaɓi ya sauka, har ɗumame ya ci da safe. Duk wadda ta yi sallama sai ta ce, "Sannu, ya mai jiki?" Uwar kuma ta amsa, "Jiki ya yi kyau, Alhamdulillahi."

Kakarsa ta miƙo masa koko. Ya kurɓa, ya ƙware, kokon ya biyo ta hanci. Aka yi dariya, aka ce haɗama ce ta wanda ya daɗe rabonsa da abinci. Da ya buɗe baki zai kare kansa, maganar ma ta hanci ta fito. Can sai uban ya leƙo daga zaure: "Inna, tunda ya miƙe, gobe ya bi ni gona. Tsuntsaye na neman gamawa da shinkafar nan."

Babu mugu ko ɗaya a gidan nan. Uban akuya biyu ya sayar kafin a sallamo yaron, uwar kuwa a tabarma ta riƙa kwana a barandar asibiti. Sai dai da akwai likita a cikin 'yan barkan, da a ranar zai sa a mayar da yaron, don ƙwarewar nan da maganar hanci alama ce cewa dafin cutar ya kama jijiya, kuma dafin da ya kai ga jijiya yana iya kaiwa ga zuciya.

A ƙasarmu an iya jinya, an iya dubiya, an iya zaman makoki. Abin da ba a ɗauka da muhimmanci ba shi ne makonnin da ke biyo bayan sallama, da shekarun da ke biyo bayan annoba. Da zarar rediyo ta daina sanarwa, motar ma'aikatan lafiya ta daina shigowa gari, sai kowa ya kakkaɓe riga ya ce ta wuce. Mutane da dama a wannan tsakanin suke tafiya, wasu kuma su rayu da nakasar da da an kula ba za ta kai haka ba.

1. Dafin da ke saura a jiki

Mashaƙo ya sake bayyana a Kano a ƙarshen 2022, bayan shekaru da yawa har matasan ma'aikatan lafiya sun gama karatu ba su taɓa ganinsa ido da ido ba. A watan Disamba na shekarar aka sanar da hukumar daƙile cututtuka ta ƙasa, wato NCDC. Kafin damina ta 2023 ta fita, gadajen Asibitin Murtala da na Asibitin Zana sun cika, ƙungiyar likitoci ta MSF ta shigo da nata ma'aikatan, Ministan Lafiya Farfesa Muhammad Ali Pate kuma ya kafa kwamitin gaggawa a watan Satumba. Zuwa farkon 2025, waɗanda aka tabbatar sun kamu a faɗin Najeriya sun haura 24,000, waɗanda suka rasu sun haura 1,200, kuma Jihar Kano ita kaɗai ta ɗauki fiye da rabin masu cutar. Kusan biyu cikin uku yara ne tsakanin shekara 1 zuwa 14. Ɗaya cikin biyar ne kawai aka samu ya kammala rigakafinsa.

Yadda cutar take aiki shi ne abin da ya kamata kowane magidanci ya sani, don a nan rashin fahimtar yake. Ƙwayar cutar tana bin tari da atishawa da yawu. Kwana 2 zuwa 5 bayan ta shiga, sai ciwon maƙogwaro da zazzaɓi mara zafi sosai, sannan wata yana mai ruwan toka ta shimfiɗu a maƙogwaro, wuya ya kumbura. Wannan yanar ita ke toshe numfashi, ita ce kowa ke gani, ita ake tsoro. Amma ƙwayar tana zaune a maƙogwaro tana zuba dafi a cikin jini, dafin kuma ya bi jini ya je ya maƙale a naman zuciya da jijiyoyi. Magani iri biyu ake bayarwa a asibiti: allurar karya dafi, da maganin kashe ƙwayar cutar na kwana 14. Allurar tana kama dafin da ke yawo a jini ne kawai. Wanda ya riga ya shige cikin nama ya fi ƙarfinta. Shi ya sa yaron da aka kai ranar farko ko ta biyu, da wanda aka kai rana ta shida, ba jinya ɗaya suke yi ba ko da gadonsu na jere.

To dafin da ya riga ya maƙale ba ya nuna kansa nan take. Na zuciya yakan bayyana a mako na biyu, wani lokaci har bayan haka: yaro ya riƙa haki daga ɗan motsi kaɗan, bugun zuciya ya rikice, ya yi fari, ya yi amai, ƙafa ta kumbura, ko ya yanke jiki ya faɗi. Na jijiya yakan fara da ganɗa, shi ne ruwa ke dawowa ta hanci, murya ta sauya. Daga baya gani ya iya dushewa, ƙafafu su yi sanyi, a wasu ma naman da ke jan numfashi ya raunana. Wannan yana iya ɗaukar wata biyu ko uku yana tafe. Mafi yawan masu raunin jijiya suna warkewa garau in an kula da su, an kiyaye yadda suke haɗiya don kada abinci ya zarce huhu. Zuciyar da dafi ya taɓa kuwa hutu take so, kwanciya sosai, ba korar tsuntsu a rana ba, ba ɗaukar jarka daga kanal ba, ba ƙwallo a fili ba.

Manomin Watari ya fi kowa sanin wannan ka'ida a gonarsa. In ya cire irin albasa ko tumatir ya dasa, ba ya cewa tunda ya tsaya a ƙasa shi ke nan. Kwanakin farko na dashe su ne ya fi ba shi ruwa, ya fi zagaya shi. Ɗan da aka sallamo daga asibiti dashe ne.

Wani abin da iyaye ba su cika ji ba: wanda ya yi mashaƙo ya warke ba lallai jikinsa ya samu kariya ba. Yana iya sake kamuwa. Don haka ake yi masa rigakafi bayan ya murmure, kuma 'yan ɗakinsu da suka kwana tare, suka sha a kofi ɗaya, su ma ana ba su magani da allura ko da lafiyarsu ƙalau.

2. Wanzami, kemis da 'yan dubiya

Kwanakin da ake ɓatawa kafin a je asibiti sanannu ne, kuma kusan hanya ɗaya ake bi. Yaro ya ce maƙogwaro na ciwo, ya ƙi cin abinci, sai wata tsohuwa ta haska bakinsa da tocila ta ce beli ne ya sauko. A kira wanzami. Wanzami mutum ne mai daraja a gari, shi ya yi wa uban yaron kaciya, shi zai yi askin suna gobe. Amma a maƙogwaron da mashaƙo ya kama, yanka ɓarna yake ƙarawa: yanar tana manne da nama, in an taɓa ta jini ke zuba, dafi ya daɗa samun hanya, askar kuma ta tafi gida na gaba. A lokacin annoba, wanzamin da ya leƙa ya ga wannan yana ya mayar da askarsa cikin zabira ya ce "ku tafi asibiti yanzu" ya fi ceton rai a kan duk abin da hannunsa zai iya.

Daga wanzami sai kemis. "Malam, haɗa min na ɗari uku." A ƙirgo kafso huɗu, farasitamol shida, a ƙulle a leda. Zazzaɓi ya ɗan lafa, a ce an samu sauƙi, alhali kwana biyu ne suka ƙara tafiya. Allurar karya dafi babu ita a kemis ko ɗaya, daga Bagwai har Bichi har Sabon Gari. A cibiyoyin da aka ware ake yin ta.

Sai dubiya, wadda ita ce mafi wuyar taɓawa, don lada ce kuma zumunci ce. Ɗaki ƙarami, taga a toshe da tsumma, mata takwas da goyo a baya suna zaune kusa da mai tari. Wanda ya ce a rage shigowa sai a ce ya raina dangi, ko imaninsa ya yi rauni. Alhali malamai sun sha karanto labarin Sayyidina Umar, yadda ya kama hanyar Sham ya ji annoba ta ɓarke a can, ya yi shawara da sahabbai ya juyo da jama'arsa, Abdurrahman bin Auf kuma ya zo da hadisin da ya hana shiga garin da annoba take, ya hana na ciki fita. Dubiya daga bakin ƙofa, a yi addu'a, a ajiye ƙwarya, a bar goyo a gida, ba ta rage ladan kowa. A mashaƙo ma abin ba dogo ba ne: bayan kwana 2 da fara maganin da ya dace, yawanci mai ciwon ya daina yaɗawa.

3. Sauran ma haka suke

Duk wanda ya haura shekara 35 a ƙasar Kano yana tune da bazarar 1996. Sanƙarau ya kama mutum fiye da 100,000 a Najeriya, ya kashe fiye da 11,000, har Saudiyya ta hana maniyyatanmu zuwa Hajji a shekarar. An ƙirga matattu. Waɗanda ba a ƙirga ba su ne yaran da suka tashi daga jinya suka daina juyowa in an kira su. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kusan ɗaya cikin biyar na waɗanda suka tsira daga irin wannan sanƙarau suna fita da wata illa mai ɗorewa: kurumta, farfaɗiya, raunin gaɓa, ko nauyin fahimta. A ƙauye irin wannan yaro yakan sha duka da sunan taurin kai, a makarantar allo a ce daƙiƙi ne, sai an shekara kafin wani ya lura ba ya ji. Gwajin kunne a cikin watan farko bayan sallama shi ne ka'ida, kuma akwai sashen kunne da hanci da maƙogwaro a Asibitin Malam Aminu Kano da Asibitin Murtala. Ko a gida, uwa tana iya tsayawa bayan yaro ta kira shi a hankali, ta dama sannan ta hagu, ta ga ko zai waiga.

Ƙyanda ta fi su wayo. Ƙuraje su fito, su bushe, fata ta saɓule, a ce baƙon ya tafi. Amma ƙyanda tana goge wani ɓangare na kariyar da jikin yaro ya tara, ta bar shi a buɗe na tsawon watanni. Shi ya sa bayanta gudawa ke zuwa, ciwon haƙarƙari ya biyo, tamowa ta shigo. Tana kuma cinye sinadarin bitamin A, daga nan sai dundumi, in an yi sakaci ido ya tafi ɗungurungum. Ɗigon bitamin A da ake matsawa a baki, sau ɗaya a ranar da aka gane ciwon, sau ɗaya washegari, ya tsare idanu masu yawa. Kulle yaro a ɗaki mai duhu, a hana shi wanka, a rage masa ruwa, ba ya ƙara masa komai sai wahala.

Korona kuwa manya ta fi ɗiba. An samu mutum na farko a Kano ranar 11 ga Afrilu, 2020, kuma kafin watan ya ƙare masu haƙar kabari a Birni sun fara kuka da yawan aiki. A watan Yuni Ministan Lafiya na lokacin, Osagie Ehanire, ya ce an samu mace-mace 979 a ƙananan hukumomi takwas, kashi 50 zuwa 60 cikin ɗari ana kyautata zaton korona ce sila, akasari dattawa masu wani ciwon tun da farko. Ragowar fa? Da yawansu masu hawan jini ne da ciwon suga da suka rasa inda za su ga likita, don asibitoci sun rage aiki, hanyoyi kuma a rufe. Darasin bai tsufa ba. Dattijon da ke shan maganin hawan jini, in ya ji ƙishin-ƙishin ɗin annoba, abu na farko da zai yi shi ne ya tanadi maganin wata guda a gida. Ba a fafe gora ranar tafiya.

4. Abin da ke cikin tukunya

Ciwo yana cin nama, kuma jiki ba ya mayar da abin da ya rasa da koko tsararo. Shawarar ma'aikatan lafiya mai sauƙi ce: yaron da ya tashi daga ciwo a ƙara masa ci ɗaya a kan na kullum, har mako biyu aƙalla, kuma mai shan nono a ci gaba da ba shi.

Abin takaicin shi ne yankin Watari ba matalaucin abinci ba ne. Tun da aka kammala dam ɗin a wajajen 1980, ƙasar Bagwai take noma rani da damina: shinkafa, masara, alkama, tumatir, albasa, ga kifi a ruwa, ga gyaɗa da wake da waken suya a tudu, ga zogale a kowane shinge, ga Fulani da nono. Amma tarwaɗar da aka kamo da asuba kasuwa za ta, ƙwan zabi a kwano ake tara shi don mai saye, mai jinya kuma a dama masa kamu da ɗan sukari. Har yanzu akwai gidajen da ake hana yaro ƙwai wai kada ya yi sata. Ɓarayin da aka kama a ƙasar nan, ba a taɓa jin wanda ya ce ƙwai ne ya sa shi ba. Kunun gyaɗa mai kauri, faten wake da manja, awara, dafaffen ƙwai ɗaya a rana, kwaɗon zogale da ƙuli-ƙuli, kifi a miya: duk a cikin gari suke, kuma kuɗinsu bai kai na kwalbar maganin ƙarin jini da ake rugawa a saya ba.

In an ga yaro yana ta ramewa, ko ƙafafunsa sun kumbura, a kai shi a auna damtsensa. Ma'aunin in ya nuna ja, wato ƙasa da santimita 11.5, tamowa ce mai tsanani, kuma tana da nata maganin a asibiti.

5. Randa da moɗa

A 2020 babu masallacin Juma'a ko makaranta ko ofis da ba a ajiye bokiti mai famfo da sabulu a ƙofarsa ba. Yau a zagaya a nemi bokitan. Wani ana sayar da kunun zaƙi a ciki, wani an zuba dusa, wani famfon ya karye an jefar. Shekara ɗaya tak bayan an ajiye su, a 2021, kwalara ta kama mutum fiye da 111,000 a Najeriya ta kashe kimanin 3,600, kuma Kano na cikin jihohin da suka fi jin jiki tare da Bauchi da Jigawa. Wankin hannun da aka ɗauka na korona ne, ashe amai da gudawa ya fi buƙatarsa.

Zama kusa da ruwa ba shi ne samun ruwan sha ba. Akwai matatar ruwa a Watari, amma ba kowane ƙauye ne famfo ya kai ba, kuma mai aiki a gona in ƙishi ya kama shi, kanal ɗin da ke gabansa yake kamfata. A wannan ruwan ake wanki, a nan dabbobi ke sha, ruwan sama kuma yana wanko bayan gari ya zuba a ciki. A nan ne kuma yara ke ɗaukar tsargiya, har wasu na ɗaukar fitsarin jini alamar girma ce ga ɗa namiji, alhali tsutsa ce ke cin mafitsara, kuma ƙwayar magani ke kashe ta.

A cikin gida ma akwai inda ake yin asara. A ɗebo ruwa mai kyau daga burtsatse, a juye a randa, sai moɗa ɗaya ta wuni tana shiga tana fita: yaro ya sha ya ajiye a ƙasa, kaza ta taka, wani ya ɗauka ya sake tsomawa har wuyan hannu. Alif yana kwantar da laka, ruwa ya yi garai-garai, amma ba ya kashe ƙwayar cuta. Tafasawa ke kashewa, ko sinadarin kulorin irin su WaterGuard. Randa mai murfi, moɗa mai dogon hannu da ake ratayewa, kofin sha daban, sabulu ko toka kusa da buta a bakin masai: wannan ne duk abin da ake nema. In gudawa ta riga ta zo, lita ɗaya ta ruwa mai tsabta, ƙaramin cokali 6 na sukari, rabin ƙaramin cokali na gishiri, a fara ba shi tun a gida ana hanyar asibiti. Yaro kuma a cika masa ƙwayar zinc ta kwana 10 zuwa 14 ko da gudawar ta tsaya a rana ta uku, don ita ke hana ta saurin dawowa.

Maƙwabciyarmu Jigawa a 2022 ta zama jiha ta farko a Najeriya da aka ayyana ta rabu da bahaya a fili. Ƙasarsu ba ta fi tamu arziki ba. Masu unguwanni da dagatai ne suka tsaya a kan kowane gida ya haƙa masai.

6. Katin da ke ƙasan adaka

Mashaƙon 2023 ba daga sama ya faɗo ba. Yaran da suka cika gadajen nan su ne jariran da ba a kai rigakafi ba shekaru biyar, takwas, goma da suka wuce. Allurar da ke tare shi tana cikin wadda ake yi wa jariri a cinya a mako na 6, na 10 da na 14, mai kariya daga cututtuka biyar, kuma kyauta ce. Najeriya na da yara fiye da miliyan 2 da ko ta farkon ba a yi musu ba, adadin da ke cikin mafi yawa a duniya, kuma kullen korona ya daɗa yawansu.

Masu ƙin rigakafi ba duka jahilai ba ne, kuma wanda ya raina hujjarsu ba zai taɓa shawo kansu ba. A cikin annobar 1996 kamfanin Pfizer ya yi gwajin maganin Trovan da ya haɗa da yara kimanin 200 a Asibitin Zana, 11 suka rasu, wasu suka nakasa, aka yi shekaru ana shari'a kafin a sasanta da Gwamnatin Kano a kan dala miliyan 75 a 2009. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu. Wannan tabon yana cikin abin da ya sa aka dakatar da ɗigon foliyo a Kano a 2003 har zuwa tsakiyar 2004. Tambayar da magidanta ke yi a lokacin ma tana da nauyi: me ya sa ake bin mu gida-gida da ɗigo kyauta, amma in yaro na zazzaɓi sai mun sayi magani? Hukuma ce ya kamata ta amsa wannan, da magani a asibitin sha-ka-tafi da ma'aikaci da ake samu a bakin aiki.

Sai dai a duba abin da dakatarwar ta haifar. Cutar shan inna, wato foliyo, ta bazu daga nan zuwa ƙasashe kusan 20 da suka riga suka rabu da ita. Da aka dawo aka dage, sarakuna da malamai suka sa baki, a watan Agusta na 2020 aka ayyana Afirka ta rabu da nau'inta na daji. Dattawan da ke da tabon lamba a damtse su ma shaida ne: agana da ta riƙa makantar da mutane tana ɓata fuskoki, tun 1980 babu ita a duniya, kuma lambar nan ce ta kore ta.

A yau abin da ya fi hana rigakafi a ƙauye bai kai wannan zurfi ba. Jariri ya sha allurar farko, cinya ta kumbura, ya kwana yana kuka, maigida ya ce, "Kada ki sake kai min shi, ya hana mu barci." Zazzaɓin kwana ɗaya ko biyu ne, farasitamol na yara ke sauke shi. Allura ɗaya kuwa ba ta isa, sai an cika ukun. Kariyar ma tana raguwa da shekaru. Bayan rushewar Tarayyar Sobiyat a shekarun 1990, da rigakafi ya yi rauni a can, mashaƙo ya kama mutum fiye da 140,000, kuma da yawansu manya ne. Saboda haka allurar da ake yi wa masu ciki a wurin awo, da wadda aka bi makarantu ana yi wa yara a 2023, ba maimaici ba ne na banza.

7. Zuciya da aljihu

Akwai jinyar da ba a ganin ta a ma'aunin zafi. Uwar da ta binne 'ya'ya biyu a wata ɗaya, bayan sadakar bakwai kowa ya watse, ita ke kwana ido biyu. Ta daina cin abinci, ta daina shiga mutane, ta riƙa jin da ta kai su da wuri da ba haka ba. Wani lokaci dangin miji su ɗora mata laifi, ko a fara nuna kishiya da baki, ko wata tsohuwa a unguwa. "Ki yi haƙuri" magana ce mai kyau, amma in an yi wata biyu mace ba ta barci, ba ta iya kula da sauran yaran, ko ta fara cewa gara ta bi su, to ciwo ne, kuma ana maganinsa. Asibitin Dawanau yana kan hanyar shiga Birni daga wannan yanki, kuma ba sai wanda ya yi tsirara a titi ake kaiwa can ba. Wanda ya warke shi ma yana da nasa: yaran unguwa su guje shi, a hana shi zama a tabarmar makaranta, alhali ya daɗe da daina yaɗa komai.

Aljihu kuma shi ke mayar da mai jinya gona tun bai warke ba. An sayar da dabba, an jinginar da gona, an ci bashin taki, ga lokacin girbi ba ya jira. A nan ne gayya da adashi da zumunci suke da aiki. Unguwar da ta iya haɗa kuɗin likkafani da shinkafar sadaka cikin sa'a guda, za ta iya haɗa kuɗin motar komawa asibiti, ta kuma tura samari biyu su tsare wa mutum gonarsa na mako uku. Jihar Kano tana da hukumar taimakekeniyar lafiya, KSCHMA, akwai kuma asusun kula da lafiya a matakin farko da dokar lafiya ta 2014 ta kafa don marasa ƙarfi. Kansila da mai unguwa su ne ya kamata su san wa aka rubuta a mazaɓarsu, wa aka bari.

Kira na ƙarshe ga magidanta ne, daga Gogori zuwa Kiyawa, daga Romo zuwa Gadanya, don a gidajenmu izinin fita da kuɗin mota a hannunsu suke. Wanda aka sallamo masa mai jinya, ya tambayi ranar komawa kafin ya bar asibiti, ya kuma koma ranar ko da yaron na tsalle. Wanda ke da yaro ƙasa da shekara biyu, ya ce a ɗauko masa katin rigakafi yau da daddare ya duba layin mako 6, 10, 14, da na wata 9 da 15. In akwai gurbi, ko katin ma ya ɓata, asibitin sha-ka-tafi mafi kusa zai ɗora daga inda aka tsaya, kuma ba a biyan ko kwabo.